Gurbin Ƴan Amshi

Mutanen Gaya sun daɗe suna kirana mai fim ɗin da ba labari, kuma ban taɓa musa musu ba. A garinmu in ka ce ka yi fim, tambaya biyu za a yi maka: wa ya auri wa, wa kuma ya mutu a ƙarshe. Nawa finafinan ba a aure a cikinsu, ba a mutuwa. Na farkon da na yi, kukan kalakson, wato hon, na manyan kamiyoyin kaya da ke jiran tsallake gada na ɗauka, na jera shi bisa kiɗan kalangu, har ya zama kamar motocin ne ke amsa wa makaɗin. Na kai wa mahaifina, wanda ya tsufa yana tuƙa kamiyo tsakanin Gaya da bakin teku. Ya kalla har ƙarshe, ya gyara hularsa, ya ce: "Wagga hayaniya ita nika gudu in taho gida. Kai kuma ka kwaso ta, ka biyo ni da ita har ɗaki."

Da bukukuwa na fara. Suna, ɗaurin aure, walimar dawowa daga Makka, duk na ɗauka, ina tsaye cikin rana mata suna ce mini in matso kusa don a ga sarƙarsu. Daga nan na samu hanya na tafi Yamai koyon montaj, wato yanka hoto da sauti da haɗa su. Malaminmu doka ɗaya ya dasa mana a ka: duk inda ba abin da ke faruwa, a yanke. Na riƙe dokar nan hannu bibbiyu. Na dawo gida ina ji da kaina, ina ganin babu wani shiru a duniya da zai tsira daga hannuna. Na yi fim kan wani tsohon malami mai rubuta waƙa da ajami, ban nuna fuskarsa ba ko sau ɗaya, sai yatsunsa da alƙalaminsa da ruwan kogi. A Yamai aka tafa mini. A Gaya abokaina na fada, majalisar da muke shan shayi, suka ce wai kamarar ce ta zame mini ƙasa ban lura ba.

Ina cikin wannan hali na tuna da gwaggona, yayar mahaifina, wadda ke zaune a unguwar bakin kogi. Sunan mahaifinsu aka sa mini, shi ya sa ba ta taɓa kiran sunana ba, Baba take ce mini tun ina rarrafe. A zamaninta ita ce mai bayar da waƙar lugude. Lugude kuwa shi ne mata uku ko huɗu su kewaye turmi ɗaya suna surfen shinkafa, taɓarya na sauka bayan taɓarya, a jefa ta sama a tafa a cafe, ɗaya na bayar da waƙa saura na karɓa. An ce in gwaggo ta ɗaga murya, matan da ke wanki a bakin ruwa sukan bar kayansu su taho. Sai injin surfe ya shigo gari. Turame suka koma mazaunin kaji, abokan dakanta wasu suka rasu, wasu suka bi ƴaƴansu Yelu da Junju da tsallaken gada. Ni dai tun da na yi wayo ban taɓa jin ta rera komai ba.

Na daɗe ina lallashinta kafin ta yarda. Da ta yarda ɗin ma sai da sharaɗi: ba za ta yi waƙa a kan turmi wofi ba, sai na kawo shinkafa ta gaske, mai ƙaiƙayi. Na kawo. Da hantsi muka zauna ƙarƙashin mangwaron tsakar gidanta, na kafa kamara, na rataya mikoro a reshe. Ƙarfinta bai kai ta tsaya ba, don haka a zaune ta yi, da ƴar gajeriyar taɓarya. Ta fara. Muryar ta shaƙe da tsufa, amma tana fitowa sai na ji tsikar jikina ta tashi. Abu ɗaya ne ya dame ni. In ta rera baiti, sai ta yi shiru, ta rufe baki, taɓarya ta sauka sau huɗu, kanta na ɗan kaɗawa, sannan ta kawo baiti na gaba. Haka ta yi tun daga farko har ƙarshe. Na ce a raina, Allah sarki tsufa, numfashi ne ya gaza.

Da na zauna gaban ordinatar, wato kwamfuta, sai na yi mata abin da na ɗauka alheri ne. Na bi shirun nan ɗaya bayan ɗaya na yanke, na manne baitocin da juna, na daidaita bugun taɓarya yadda ba mai gane wurin ɗinki. Aikin ya ci mini makonni. Da na gama, gwaggo ta koma kamar yarinya, waƙa na zuba ba tsayawa. Na ɗauki ordinatar na nufi gidanta ina tafiya ina murmushi ni kaɗai, har wani mai kabu-kabu ya tambaye ni ko amarya na yi.

Na sa mata abin saurare a kunne. Ba ta kai baiti na huɗu ba ta cire shi ta ajiye a kan tabarma.

"Baba, ina mutanena?"

"Waɗanne mutane, Gwaggo? Ai ke kaɗai ce na ɗauka."

"Ni ɗai? Kai dai ka ga ni ɗai. Wurin ga da nika yin kurum, nan ne suka shigowa su karɓa mani. Na bar masu wurinsu, kai ka zo ka kore su. Wagga da taka zuba awa rediyo, ni ban san ta ba."

Kunya ta rufe ni tun daga kai har ƙafa. Ni ɗan garin, ni mai takardar Yamai, na zauna makonni ina share gurbin ƴan amshi ina cewa gyara nake. Kowace yarinya da ta taɓa tafa gaɗa a dandali ta san waƙa ba ta tafiya da ƙafa ɗaya, ni ne kawai ilimi ya mantar da ni. Amma da yake ni ba na saurin karɓar kaye, nan take na fito da dabara. Na ce ta faɗa mini amshin, in samo ƴan mata masu murya su rera, in saka a gurbin.

Ta dube ni kallon da ake yi wa wanda ya sha giya da rana.

"Mai bayarwa ba ta karɓa ma kanta. Ran da na karɓa ma kaina, to na yi shaida da bakina kowa ya mutu. Ba ni hwaɗi."

Na roƙa, na yi fushi, na sake roƙo. Ko gezau. Na tafi wajen mahaifiyata, ta ce ita daga Doso aka kawo ta, kuma da ta zo inji ya riga ta. Na bi tsofaffin unguwa gida gida. Wasu suka ce sun manta. Wasu suka rufe baki da gefen mayafi suna dariya, wai su da suka yi jikoki za su yi wa namiji waƙar daka. Wata hajiya ta ce ita ta tuba da waɗannan abubuwa, ta sa aka ba ni ruwa, ta sallame ni. Na dawo hannu rabbana, da waƙa rabi a ordinatar.

A hanyar dawowa daga gidan hajiyar nan tunanin ya zo mini. Tun da ba wanda zai faɗa mini amshin ni kaɗai, to in mayar da shirun yadda yake, in tara mutane, in bar gwaggo ta kira su daga jikin bango. Wanda ya sani ya karɓa. Fim ɗin ya zama rabinsa a majigi, rabinsa a bakin masu kallo. Na je na faɗa mata. Ta tauna goro ta dube ni.

"In kuma ba wanda ya karɓa hwa?"

Na ce za a karɓa, in Allah ya yarda.

"Ban tambaye ka Allah ba, kai nika tambaya. To ji nan. In abin ga ya ƙare ba a karɓa ba, ka goge shi gabana, duk da na hwarin da ka ɗauka. Ba ni barin muryata tana yawo duniya tana kira ba mai amsawa, awa mahaukaciya bakin kasuwa."

Na yarda. Wannan ɗauka ita ce abu mafi kyau da na taɓa riƙewa a hannuna, na san haka sarai. Ba zan ɓoye ba, na kwafe ta a wani ɗan kile, ƴar na'urar ajiyar hoto da sauti, na sa a aljihu, na ce ko me ya faru dai ina da madogara. Kwana biyu ina yawo da shi, kuma kwana biyun nan ban iya haɗa ido da ita ba. A na uku na kai mata, na gaya mata abin da na yi. Ba ta yi faɗa ba. Ta karɓa ta juya shi a tafin hannu, ta ƙulle shi a haɓar zanenta tare da goro.

Na mayar da kowane shiru wurinsa. A cikin gurbin ban saka komai ba, na bar kamara a kan fuskarta tana jira, taɓarya na sauka sau huɗu. Na aika wa wani abokin aikina a Yamai ya duba. Ya kira ni a portabul, wato wayar hannu, ya ce sautin ya lalace, akwai ramuka. Na ce ramukan su ne fim ɗin. Ya ce to Allah ya ba da sa'a, amma shi ya san mutane za su tashi su tafi.

Wurin nunawa ya ba ni wahala. Tsofaffin da nake so ba sa fita bayan magariba, majigi kuwa ba ya son rana. Wani alhaji abokin mahaifina, mai fataucin shinkafa, ya ara mini mangazarsa, wato ɗakin ajiyar kaya, da ke kusa da tasha, lokacin an kwashe kaya ba a kawo wasu ba. In an rufe ƙofofinta duhu ake yi ko da tsakar rana. Muka share, muka shimfiɗa tabarmi, muka rataya farin zane a bango, na kafa bafil, wato lasifika, na aro gurup, wato janareta, don kada wuta ta ba ni kunya. Gayya kuma ban yi ta a rediyo ba. Mahaifiyata da matata suka ɗauki goro suka bi gidaje kamar za a yi suna, na ba wani shofer mai jan motar Yelu ƙullin goro ya kai can, wani kuma ya tsallaka da shi Malambil. An tambayi matata bikin me ake yi, ta ce ita ma ba ta sani ba, mijinta ne dai ya sake tayar da wata.

Ranar, bayan azahar, mangaza ta cika. Mata a kan tabarmi, tsofaffi a gaba, ƴan mata a gefe kowace da portabul a hannu. Maza suka tsaya a baya wajen ƙofa, abokaina na fada a sahun farko, sun zo ne musamman don su samu abin da za su yi wata guda suna tsokanata da shi. Mahaifina ma ya zo, ya jingina da bango kusa da alhajin, ya harɗe hannu. Zafi kuwa ba a magana, kwano a sama kwano a gefe, kowa na fifita da abin da ya samu. Aka kawo gwaggo, na ajiye mata kujera tana fuskantar zanen. Ta sa aka juya kujerar ta fuskanci mutane.

"Na san huskata," in ji ta. "Tasu nika son gani."

Aka ja ƙofofi, na kunna. Sautin taɓarya ya cika mangaza, sannan fuskarta ta fito, ta kai girman ƙofar ɗaki. Muryarta ta tashi:

"Matan bakin Kwara, shinkahwa ta sha rana."

Shiru. Taɓarya ta sauka sau huɗu, ba wanda ya ce uffan. Baiti na biyu ya zo ya wuce, shiru ya sake biyowa. Daga baya wani ya ɗaga murya ya ce: "Mai fim, bafil ɗinka ya mutu!" Dariya ta ɓarke a wajen maza, ƴan mata suka kama. Na san muryar, abokina ne tun muna lakwal, aji ɗaya, kuma a lokacin da zan iya kai hannu gare shi da na shaƙe shi. Baiti na uku. Shiru. Wata mata ta miƙe tana gyara goyo za ta fita. Na dubi gwaggo cikin hasken da ke dawowa daga zanen. Tana zaune ƙyam, idonta na bin fuskoki ɗaya ɗaya, hannunta ya sauka a kan ƙullin haɓar zanenta. Tsoro ya kama ni ƙwarai. Na manta da fim ɗin ma, ita nake ji, don na ga na tara mata gari ne su shaida ba ta da kowa.

Baiti na huɗu ya fito:

"Taɓaryata ɗaya ta, wa ka kama mani?"

Taɓarya ta sauka sau ɗaya, sau biyu. Sai wata murya ta fito daga can gefen bango, siririya, tana rawa:

"Ga mu nan, ɗiyar inna, turmi ba ya kwana shi ɗai."

Ta makara, har ƙarshen amshin ya hau kan baiti na gaba. Amma ta faɗa. Kowa ya juya. Wata tsohuwa ce mai sayar da bandar kifi a bakin kasuwa, na shekara ina wuce ta ban taɓa jin ta ce komai ba sai gaisuwa. Ta rufe fuska da mayafi don kunya. Ni kuwa wannan ne karo na farko da na ji amshin da na yi watanni ina nema, sai na zauna a kan akwatin majigi.

A gurbi na gaba murya uku suka karɓa, biyu daga cikin matan Yelu. A na bayansa hajiyar nan da ta ce ta tuba ta shigo, da murya garau, ba ta ko tuntuɓe a kalma ɗaya ba. Matar da ta tashi za ta fita ta tsaya a inda take tana jijjiga goyonta bisa bugun. Sai na ji wata murya mai kauri daga wajen ƙofa, a ƙasan ta matan. Na waiga. Mahaifina ne. Ya ture hula gaba ta rufe masa ido, yana karɓa kamar wanda ake tilasta wa, amma yana karɓa. Ashe gwaggo ce ta yi renonsa, a bayanta yake goye tana lugude. Na bi gidajen tsofaffin mata kaf, ban taɓa tunanin in tambayi namijin da nake cin tuwo da shi kullum ba.

Daga nan abin ya fi ƙarfina. Amshin ba wuya gare shi ba, wanda ya ji sau biyu ya riƙe. Ƴan mata suka ajiye portabul suka shiga tafi. Tsofaffi suka fara ɗaga hannu sama suna cafe taɓaryar da babu ita. Abokaina na fada, har da mai cewa bafil ya mutu, suka juya suna buga bangon kwano daidai da saukar taɓarya. Duk sanda fuskar da ke jikin zane ta rufe baki, mangaza gaba ɗaya sai ta buɗe nata. Direbobin tasha suka taho suna leƙe ta kafar ƙofa suna tambaya ko siyasa ake yi. Wata ta rangaɗa guɗa. Na yi kuka, ba na jin kunyar faɗi, ina zaune a kan akwati ina kuka ina dariya, ina karɓa tare da su da muryata da ba ta da daɗi.

Fim ɗin ya yi tafiya daga baya. Ya je Yamai, ya tsallaka ƙasashe, ya shiga ɗakunan da ban taɓa mafarkin shiga ba, kuma duk inda na kai shi sai na fara tsayawa gaban mutane na koya musu amshin kafin a kashe wuta. Duk abin da na yi bayansa a kan wannan hanya na yi shi, ina bar wa masu kallo wurinsu. Amma a ranar ban san za a yi haka ba. Abin da na sani kawai shi ne hoto ya ƙare, an tura ƙofofi, haske da iska sun shigo, mutane jiƙe da gumi suna ta magana lokaci ɗaya.

Na ratsa na je wurin gwaggo na durƙusa, ina jiran ta sa mini albarka. Ba ta ko dube ni ba. Mai bandar kifi ta rarrafo ta kama hannunta, suka riƙe juna. Can sai gwaggo ta dafa kafaɗata ta miƙe, ta ɗaga hannu. Wuri ya yi tsit.

"Kun karɓa, na ji," in ji ta. "Amma kuna shigowa baya ga taɓarya. Da can wadda ta makara haka, hannunta aka daka."

Tsofaffi suka fashe da dariya, hajiya ta ce ai laifin ƴan Yelu ne, ƴan Yelu suka ce ƙarya ne. Gwaggo ta juyo gare ni.

"Baba, a ruhe ƙohwa, ka maido shi tun hwari. Amma wanga karo ka kashe muryar waccan tsohuwa ta bango. Ni ka bayarwa."

Kamarata na gida, ban kawo ta ba, kuma ban aika a ɗauko ba. Na sa aka ja ƙofofi, na mayar da fim farko, na rage sautin har sai bugun taɓarya kaɗai ake ɗan ji. Gwaggo ta tofar da goron bakinta, ta gyara ɗaurin zane, ta tsaya da ƙafafunta ba mai riƙe ta. Ta bayar da baitin farko, kuma kafin taɓarya ta sauka, mangaza duka ta karɓa mata.